Abubakar Tafawa Ɓalewa da Darasin Tarayya Daga Amurka

Lokacin da Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa ya shiga Majalisar Dokoki ta Ikko a 1947, bai yarda cewa Nijeriya ƙasa ɗaya ce ba. A ganinsa haɗewar 1914 a takarda kawai ta tsaya, kuma buri ne na Turawa, ba na mutanen ƙasar ba. Bayan shekara goma, shi ne aka damƙa wa amanar riƙe wannan ƙasa a matsayin Firaminista. Abin da ya faru tsakanin waɗannan shekaru ya shafi duk wanda ke karɓar albashi da sunan Tarayya a yau.

An haife shi a 1912 a garin Tafawa Ɓalewa. Ba ɗan sarauta ba ne. Ya yi karatu a Bauchi, ya wuce Kwalejin Katsina daga 1928 zuwa 1933, ya dawo ya koyar a Midil ta Bauchi har ya zama shugabanta. A wannan zamani ne ya rubuta Shaihu Umar. Bauchi ta shekarun 1940 gari ne mai tafasa da muhawara: Sa'adu Zungur na nan, Malam Aminu Kano na koyarwa a makarantar, kuma ma'aikata kan taru su tattauna mulkin En'e da makomar Arewa. Abubakar ya fi su sanyin baki, amma shi ne ya miƙe a Majalisar Arewa a 1950 ya nemi a yi wa mulkin En'e garambawul, a gaban masu sarautar da maganar ta shafa.

Tsoronsa game da haɗin kai yana da tushe. Arewa na da yawan jama'a, amma an bar ta a baya a ilimin boko, kuma shugabanninta na fargabar ofisoshin gwamnati su koma hannun 'yan Kudu da zarar Bature ya tafi. Shi ya sa a taron Ibadan na 1950 wakilan Arewa suka dage sai an ba su rabin kujerun majalisar tsakiya. A 1953, bayan ƙudurin Anthony Enahoro na neman mulkin kai a 1956 da tarzomar Kano, Arewa ta nemi tsarin da zai bar gwamnatin tsakiya kusan ba haƙori. Tsarin mulkin 1954 ne ya zo da tarayya a matsayin sulhu.

A 1955, yana Ministan Sufuri, ya tafi Amurka don ya ga yadda ake jigilar kaya a kogin Misisipi, ko Neja da Binuwai za su amfana. Jiragen ruwa ya je kallo, amma abin da ya fi tsaya masa a rai shi ne yadda mutane masu asali da harshe da addini daban-daban suka zama 'yan ƙasa ɗaya. Masu rubuta tarihinsa suna danganta sauyin ra'ayinsa da wannan tafiya.

Abin da ya gani ba da ka ya tsiro ba. Jihohi 13 da suka ƙwace 'yanci daga Ingila sun fara ne da sako-sakon haɗaka, irin wadda Arewa ta nema a 1953: gwamnatin tsakiya ba ta da ikon ɗora haraji, sai dai ta roƙi jihohi. Da tsarin ya gaza, wakilai suka taru a Filadelfiya a 1787. Sun sha karatun John Locke a kan cewa yardar jama'a ce tushen mulki, da na Montesquieu na Faransa a kan raba iko gida uku. Amma Montesquieu ya kuma koyar cewa jamhuriya ba ta ɗorewa sai a ƙaramar ƙasa. James Madison ya juya wannan magana. A cikin maƙalu 85 da shi da Alexander Hamilton da John Jay suka rubuta don kare sabon tsarin, ya nuna cewa faɗin ƙasa da yawan ɓangarori kariya ce, domin ba wani ɓangare ɗaya da zai iya haɗa rinjaye ya danne saura cikin sauƙi. Ƙananan jihohi kuma aka kwantar musu da hankali da kujeru biyu-biyu a majalisar dattawa, daidai da manya.

Nan ne gizo ke saƙar. Abubakar ya dawo da imani da haɗin kai, amma ginin da ya gada bai yi kama da na Madison ba. Jihohi uku ne kacal, ɗaya ta fi sauran biyun faɗi da yawan kujeru, kowace kuma na hannun jam'iyya ɗaya. Salon majalisa na Ingila ne, shugaban jam'iyyarsa, Sardauna, yana Kaduna. Ya yi ƙoƙari gwargwado: a 1957 ya kafa gwamnatin da ta haɗa manyan jam'iyyu uku, kuma tsarin mulkin 1960 ya ƙunshi babin 'yancin ɗan Adam bisa shawarar Hukumar Willink. A Yulin 1961 ya koma Amurka bisa gayyatar Shugaba Kennedy, ya yi jawabi a Majalisar Wakilai.

Ba za a wanke shi sarai ba. Dokar ta-ɓaci da ya sa a Jihar Yamma a 1962, da rigimar ƙidaya, da zaɓen 1964, sun sa 'yan hamayya kallon tsakiya a matsayin sandar ɓangare ɗaya. Da wuta ta kama a Yamma bayan zaɓen 1965 kuwa, sai ya yi jinkiri. Sojoji suka ɗauke shi daga gidansa a Ikko ranar 15 ga Janairu, 1966, aka tsinci gawarsa bayan kwanaki a gefen hanyar Abekuta. An binne shi a cikin garin Bauchi.

Gyaran ginin sai bayansa ya zo. Gowon ya raba ƙasar zuwa jihohi 12 a 1967, Murtala ya mai da su 19 a 1976, har da Bauchi. Kwamitin Rotimi Williams ya tsara kundin 1979 a kan salon Amurka: shugaba mai cikakken iko, da majalisar dattawa mai kujeru daidai ga kowace jiha, ya kuma ƙara da ƙa'idar raba muƙamai tsakanin sassan ƙasa, wadda har yau ake bi wajen ɗaukar ma'aikatan Tarayya.