Kamara Laye, Ɗan Maƙerin Kurusa (1928-1980)

Da Edita ya aiko mini cewa bana ni zan cike filin tarihin magabata, sai na ga ya kamata in fara da amsa wani laifi da na daɗe da shi a wuya. Bara, bayan an yi sadakar arba'in ta mahaifina, Allah ya jiƙansa, na buɗe tsohon akwatina na ƙarfe da na yi zaman makaranta da shi. A can ƙasa, ƙarƙashin wata tsohuwar rigar makaranta, sai ga littafin The African Child da hatimin laburarenmu ɓaro-ɓaro a shafin farko. Muna aji huɗu na are shi, na mako biyu. Malam mai kula da laburare, in wannan mujalla ta iso hannunka, a yafe mini.

A daren nan na sake karanta shi tun daga farko har ƙarshe, na tarar ashe ban fahimce shi ba a da. Shi ya sa na zaɓi in ba ku tarihin mutumin da ya rubuta shi, wato Kamara Laye na ƙasar Gini.

An haife shi ran 1 ga Janairu, 1928, a garin Kurusa da ke bakin Kogin Kwara, kogin nan da ya bi ta Yamai da Yawuri ya gangara Lakwaja. A lokacin ƙasar tana hannun Faransa. Mutanensa Malinke ne, kuma Musulmi. Kamara sunan zuri'arsu ne, Laye kuwa gajarta Abdullahi ce irin tasu. Mahaifinsa maƙeri ne da ya haɗa ƙirar baƙi da ta fari, ya yi suna ƙwarai wajen aikin zinariya. Mahaifiyarsa 'yar wani ƙauye ce mai suna Tindikan, inda yakan je hutu wurin kakarsa da kawunnansa, musamman a watan Disamba, lokacin yankan shinkafa.

Waɗanda ba su yi barci a ajin adabi ba za su tuna yadda ya siffanta gidansu. Yana dab da layin dogo, har tartsatsin jirgin ƙasa kan kunna wa danga wuta. Mace takan kawo garin zinariyarta tare da maroƙi mai kiɗan kora, shi kuwa ya yi ta wasa maƙerin da kakanninsa har ya ajiye aikin da ke gabansa ya karɓi nata. Almajiran maƙera suna zuga-zugi, kowa ya yi tsit, har zinariya ta narke. Akwai kuma ɗan baƙin macijin nan da ke ziyartar maƙera, wanda aka hana yaron ya taɓa, domin a ganinsu shi ne mai tsaron zuri'ar. Irin waɗannan al'adu na kaka da kakanni suna nan gauraye da addini a wancan zamani, kamar yadda aka sha fama da su a ƙasashe da dama. Laye ya faɗe su yadda idon yaro ya gan su, bai ƙara gishiri ba.

Ya fara da makarantar allo, sannan aka sa shi ta boko. A nan ne manyan ɗalibai suka riƙa dukan ƙanana suna ƙwace musu abinci, har sai da mahaifinsa ya je ya yi ta da hedimasta. Na tuna da muka zo wannan babi ajinmu ya kaure da shewa, domin kowa yana da siniyan da ya taɓa ƙwace masa gari da ƙuli-ƙuli. Wasu daga cikin siniyoyin nan yanzu su ne dattawan wannan ƙungiya, ba zan kama suna ba.

Bayan an yi musu kaciya shi da tsararrakinsa, an ba shi ɗakinsa na kansa a gaban na mahaifiyarsa. Taku kaɗan ne tsakanin ɗakunan biyu, amma daga ranar ta san ɗa ya fara fita daga hannunta. Yana da shekara 15 ya hau jirgin ƙasa zuwa Konakiri, babban birnin ƙasar, tafiyar wajen kilomita 600, ya shiga makarantar koyon sana'a. Ya sauka gidan ƙanen mahaifinsa. Shekarar farko ta zo masa da ciwo har ya kwanta asibiti, amma ya daure. A can ya haɗu da wata yarinya mai suna Mari. A 1947 ya gama da sakamako mafi kyau a fannin kanikanci, aka ba shi gurbin ƙaro ilmi a Faransa.

A nan ne littafin ya ƙare, kuma a nan ne na yi ta kuskurensa shekara da shekaru. Hankalina a da yana kan yaron da ya hau jirgin sama da taswirar jirgin ƙarƙashin ƙasa na birnin Faris a aljihu. Mu ma a lokacin ba mu da buri sai na tafiya: jami'a, bautar ƙasa, aiki a birni. Ban kula da uwar ba, wadda shi da mahaifinsa suka tarar tana daka, suka yi ta lallashi ta ƙi yarda, daga baya ta fashe da kuka don ta san ƙin nata ba zai hana komai ba. Ban kuma kula da uban ba, wanda ya goyi bayan tafiyar alhali ya san ma'anarta ita ce babban ɗansa ba zai gaji uwar maƙera da masaba ba. Bara da na zo wannan wuri sai na rufe littafin. Na tuna ranar da aka kawo ni makaranta, mahaifina ya ɗora akwatin nan a kansa tun daga tasha har ƙofar ɗakin kwananmu, ni kuwa ina ta jin kunya kada a ce ƙauyanci.

Abin da ba a koya mana a aji ba shi ne yadda rayuwa ta kasance da yaron bayan jirgi ya sauka. Ya yi karatun gyaran mota a Argenteuil, kusa da Faris. Da kuɗin tallafi suka ƙare bai komo ba, ya tsaya neman ƙarin ilmi. Ya yi aiki a masana'antar motoci ta Simca, ya yi dako a babbar kasuwar birnin, da dare kuma ya tafi aji. Ga sanyi, ga talauci, ga kewa. A cikin wannan hali ne ya riƙa zama a ɗan ɗakinsa yana rubuta abin da yake tunawa na gida, don kada ya ɓace masa. Rubutun nan shi ya zama littafi da Faransanci mai suna L'Enfant noir, wanda ya fito a 1953, yana ɗan shekara 25. Ya buɗe shi da waƙa ga mahaifiyarsa. A 1954 littafin ya ci lambar yabo ta Charles Veillon, aka kuma juya shi zuwa Turanci. A shekarar ce littafinsa na biyu ya fito, wanda aka sani da The Radiance of the King, labarin wani Bature da ya tsiyace a Afirka yana neman aiki a fadar wani sarki.

Ba kowa ne ya yaba ba. Mongo Beti, marubucin nan na Kamaru, ya soke shi da cewa ya zana Afirka kamar aljanna, babu aikin tilas, babu haraji, babu zaluncin 'yan mulkin mallaka. Sukar tana da ƙanshin gaskiya, domin da ƙyar za ka ga Bature a littafin. Amma a nawa ɗan ganin, yaron da boko ya raba da maƙerar ubansa da ɗakin uwarsa, ya kai shi inda ba mai jin harshensa, ai ya ba da labarin mulkin mallaka ta ƙofar da ta fi kusa da zuciya.

Ya auri Mari, suka komo Afirka a 1956. Ran 28 ga Satumba, 1958, Gini ta zama ƙasa ɗaya tilo cikin ƙasashen Afirka rainon Faransa da ta ƙi amincewa da tayin Janar de Gaulle na zama ƙarƙashin inuwar Faransa, ta kuma sami 'yanci ran 2 ga Oktoba a ƙarƙashin Seku Ture. Laye ya yi aikin injiniya, daga baya ya shugabanci wata cibiyar bincike a Ma'aikatar Watsa Labarai. Wato dai ma'aikacin gwamnati ne kamar da yawa daga cikinmu, mai albashi da iyali da masu dogara da shi. A 1963 ya je ya zauna gaban wani tsohon maroƙi masanin tarihi mai suna Babu Konde, ya ɗauki bayaninsa a rikoda.

To, sai mulki ya fara juyewa. Aka shiga kama mutane bisa zargin juyin mulki, na kusa ma bai tsira ba. Laye ya rubuta littafi na uku, Dramouss, wanda aka fassara da A Dream of Africa. Labarin wani saurayi ne da ya komo gida daga Faransa ya tarar 'yan siyasa suna ƙone-ƙone, sana'ar ubansa ta ja baya saboda kayan ado masu arha da ake shigowa da su, ya kuma yi mafarkin ƙasar ta zama ƙaton kurkuku. Kafin littafin ya fito a 1966 ya riga ya kwashe iyalinsa ya bar ƙasar, ya sami mafaka a Dakar, inda Shugaba Senghor ya karɓe shi, ya kama aikin bincike a cibiyar IFAN. Wannan ce fitarsa ta biyu daga gida, kuma ba ta da komowa.

A 1970 aka aiko wa Mari cewa mahaifinta ba shi da lafiya. Ta shirya ta tafi Gini duba shi, aka kama ta, ta yi shekara bakwai a tsare. Aka bar Laye da yara a ƙasar baƙunta, ga ƙarancin abin hannu, ga ciwon ƙoda da ya fara cin jikinsa. Ya ƙara aure. Da aka sako Mari a 1977 ta tarar da kishiya a gida, zaman bai yiwu ba, suka rabu. Ba na jin akwai mai hurumin yanke wa ɗayansu hukunci. Ita ta tafi sauke haƙƙin uba, shi kuma yana neman mai riƙe masa yara, wanda ya raba su kuwa yana kan karaga.

Shekara 12 bai fitar da littafi ba. A 1978 ya fitar da na ƙarshe, wanda aka juya da suna The Guardian of the Word, daga bayanin nan na Babu Konde kan Sunjata Keita, wanda ya kafa daular Mali a ƙarni na 13. Abin lura, Sunjata ma yaro ne da ya yi gudun hijira tare da mahaifiyarsa, sai dai shi ya komo ya karɓi ƙasarsa. Kamara Laye ya rasu a Dakar ran 4 ga Fabrairu, 1980, yana da shekara 52. Seku Ture ya bi shi a 1984. Allah ya jiƙan Musulmi baki ɗaya.

'Yan'uwa, mu da muka zauna aji ɗaya yanzu mun zama magidanta. Kowa ya watse inda abinci ya kai shi. Laye yana da uzuri, domin bakin bindiga ne ya tsare masa hanyar gida. Ni ba abin da ya tsare ni sai fayil. Sau uku mahaifina yana aiko a ce mini yana son ganina, sau uku ina cewa sai an gama aikin kasafin kuɗi, sai na sami hutu, sai an yi albashi. Nakan tura kuɗi ta waya in ji kamar na sauke nauyi. Ranar da na tafi, makara na tarar a ƙofar gida. Ofis kuwa ko kwana ɗaya bai tsaya ba don ba na nan.

Ban faɗi wannan don a tausaya mini ba. Na san da yawa a cikinku Allah ya bar muku iyayenku, ɗaya ko duka biyu, kuma su ne suka sayar da akuya ko amfanin gona suka cika mana akwati. Sun yarda mun tafi, sun san ba za mu gaji gona ko maƙera ko rumfar kasuwa ba. Abin da ya rage mana mu ba su bai wuce zuwa a zauna a gaisa ba. Tun daga bara na ɗaukar wa kaina zuwa gida duk ƙarshen wata, in zauna kan tabarmar mahaifiyata ko da ba mu da wata magana. Nakan tafi da babban ɗana, mai shekara bakwai, domin na fara hango ranar da shi ma zai ɗauki nasa akwatin.

Ga malamanmu na adabi, waɗanda ke raye da waɗanda suka riga mu, Allah ya saka da alheri. Kun ba mu littafin da sai bayan shekara ashirin ya gama yi mana bayani. Ina roƙon shugabannin ƙungiya, cikin gudummawar da za mu kai makaranta bana, a sa kwafe ko da 20 na wannan littafi. Ni na ɗauki nauyin biyar. Tsohon kuwa zan riƙo shi zuwa taronmu na shekara in miƙa wa laburare da hannuna, tare da duk tarar da aka yanka mini.