Michael Imoudu: Dattijon Reluwe Da Ya Buɗe Wa Ma'aikaci Ƙofar Kuka



Tun ina yaro a ƙauyenmu da ke ƙasar Ɗambatta nake ganin hoton wani dattijo manne a bangon zauren mahaifina, kusa da na Abubakar Rimi. Mu yara mun ɗauka wani ɗan PRP ne kawai daga Kudu. Ban san ko wane ne shi ba sai da na kama aikin gwamnati, takardar ƙarin girmana ta kwana shekara uku a kan tebur ba dalili, na shiga binciken inda ma'aikaci ke kai kukansa. Nan na sake cin karo da sunansa.

Shi dai Michael Imoudu an haife shi a 1902 a ƙasar Ora, cikin Jihar Edo ta yanzu. Bai yi karatu mai zurfi ba. Da ya je Ikko ya fara aiki a ma'aikatar waya, daga nan ya koma reluwe yana koyon aikin ƙarfe a Ebute Metta. A wancan zamani manyan muƙamai na Turawa ne. Baƙin mutum kuwa, ko da hannunsa ya fi na maigidansa iya aiki, sai ya tsufa a matsayi ɗaya, da yawa ma ana biyansu ne a kan awa kamar 'yan ƙodago, ba fansho, ba matakin hawa. Kuma wannan layin dogo, wanda ya iso Kano a 1911, shi ne ke kwashe gyaɗar da kakanninmu na Bichi da Ɗambatta ke ɗaurawa jakuna su kai birni.

Abin da ya fi burge ni da shi, da doka ya fara. Da aka kafa dokar ƙungiyoyin ƙwadago a 1938, ƙungiyar ma'aikatan reluwe da yake shugabanta ita ce ta fara yin rajista, a 1940. Daga nan kukan ma'aikata ya daina zama gunaguni a inuwa, ya zama ƙorafi a rubuce wanda tilas hukuma ta amsa. A 1941, da aka kulle wa ma'aikata ƙofar wurin aiki, ya jagorance su a ƙafa har fadar Gwamna Bourdillon, aka kuwa biya musu wasu daga cikin buƙatunsu.

Amma fa ya ɗanɗana kuɗarsa. A 1943 aka kore shi daga aiki, aka tsare shi, aka kuma yi masa ɗaurin talala a Auchi. Sai a 1945 aka sake shi, kuma bai huta ba ya shiga gaban babban yajin aikin da ya tsai da jirage fiye da kwana 40 a kan alawus na tsadar rayuwa. Kwamitin Tudor Davies da aka naɗa bayan yajin ya yarda a yi wa ma'aikata ƙari. Haka kuma da shi aka yi yajin 1964.

Dangantakarsa da Kano ta zo ne da tsufansa. A 1978 ya zama mataimakin Malam Aminu Kano a PRP, kuma da jam'iyyar ta dare gida biyu, Santsi da Taɓo, shi ya shugabanci ɓangaren su Rimi da Balarabe Musa. Dalilin hoton zaurenmu ke nan. Ya rasu a 2005 yana da shekara fiye da 100. Cibiyar nazarin harkokin ƙwadago da ke Ilori sunansa take amsawa.

Yau ma'aikacin da aka danne wa ƙarin girma yana iya zuwa Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976, gyaran tsarin mulki na 2010 kuma ya ƙara mata ƙarfi. Ni ban kai ga kotu ba. Na rubuta ƙorafi ta hannun ƙungiyarmu, aka duba, aka gyara. Ranar da na karɓi takardata sai na tuna da wannan dattijo da ya rasa nasa aikin don wani ya hau.

'Yan uwa da ke aiki, a riƙa ajiye takardu, a bi ƙa'ida, kada a raina ƙungiya. Waɗanda Allah ya ɗora a kan kujera kuwa, kada a danne haƙƙin na ƙasa. Allah ya sa mu gama lafiya.