Shehu Laminu: Malamin da ya sake gina rundunar Borno

Duk wanda ya taɓa kallon hawan Salla a ƙofar fadar Shehun Borno da ke Maiduguri, ya ga barade cikin sulke da kwalkwali bisa dawakai masu lifidi, to ya ga abin da ya saura na rundunar da ta ceci Borno fiye da shekara 200 da suka wuce. Wanda ya tsara ta shi ne Shehu Muhammadu al-Amin al-Kanemi, wanda aka fi sani da Shehu Laminu.

An haife shi wajen shekarar 1776 a yankin Fezzan, cikin ƙasar Libiya ta yau. Mahaifinsa malami ne ɗan ƙabilar Kanembu, mahaifiyarsa kuma Balarabiya. Ya yi karatu mai zurfi, ya sauke farali, sannan ya zauna a Ngala, kudu da Tafkin Chadi, yana karantarwa.

A shekarar 1808 mayaƙan jihadi ƙarƙashin Gwani Mukhtar suka ci Birnin Ngazargamu, babban birnin sarakunan Saifawa. Tsohuwar rundunar da Kaigama ke jagoranta ta kasa tare su. Da abin ya gagari masu takobi, sai Mai Dunama ya nemi agajin mai allo. Shehu Laminu ya fito da jama'arsa, aka ƙwato birnin, Gwani Mukhtar ya rasu a wannan gwabzawa. Bayan haka Shehu ya yi ta musayar wasiƙu da Muhammadu Bello kan halaccin yaƙar ƙasar da ta daɗe cikin Musulunci.

A 1814 ya kafa Kukawa, inda ya tsai da rundunarsa bisa ƙafa uku. Akwai dakarun Kanembu masu mashi da garkuwa, akwai barade na Larabawan Shuwa ƙarƙashin aminansa irin su Malam Tirab da Ahmad Gonimi da Ibrahim Wadaima, sai kuma kacalloli, wato bayin fada da ya damƙa wa jagorancin yaƙi da tsaron kan iyaka. Kacalla ba ya da gadon sarauta, duk martabarsa daga hannun Shehu take.

Labarin Barka Gana, fitaccen kacallansa, ya nuna haka. Wata rana Shehu ya nemi ya dawo da wani doki da aka ba shi bisa kuskure, shi kuwa cikin fushi ya mayar da duk dawakan da aka taɓa yi masa kyauta. Shehu ya sa aka tuɓe shi a gabansa, ya ce a sayar da shi. Kashegari da ya gan shi cikin ƙasƙanci, sai ya yafe masa.

Baturen Ingila Dixon Denham, wanda ya isa Kukawa a watan Fabrairun 1823, ya bayar da labarin dubban mahaya da suka tarbe su, da masu tsaron Shehu sanye da sulke har gwiwa, goshin dawakansu a rufe da ƙarfe da tagulla. A watan Maris na 1824 rundunar ta fatattaki mayaƙan Bagarmi a Ngala, da taimakon igwa biyu. Sai dai a 1827, da Shehu ya nufi Kano, Sarkin Bauchi Yakubu ya tare shi, ya komo gida.

Har ya rasu a Kukawa a 1837 bai ɗauki sarautar Mai ba, ko da yake ragamar mulki tana hannunsa. Rundunar da ta ceci gidan Saifawa ita ce ta binne shi, domin a 1846 ɗansa Shehu Umar ya kawo ƙarshen wannan tsohon gida. Ita ma lokacinta ya zo a 1893, sa'ad da bindigogin Rabe suka rinjayi doki da mashi, aka ƙone Kukawa.

A 1907 Shehu Abubakar Garbai ya koma Yerwa, wato Maiduguri ta yau. Nan zuriyar Shehu Laminu ke sarauta har yanzu, nan kuma ake fito da sulke da lifidi ranar hawa.