Ibrahim Ɗantunku Da Tawayen Arewacin Kano

Da sunan Allah Mai rahama Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, duk mai bin tarihin ƙasar Kazaure ba zai tsallake sunan Ibrahim Ɗantunku ba. Shi shugaban Fulanin Yarimawa ne, mazauna karkarar arewacin Kano wajajen Ɗambatta, inda makiyaya da manoma suke cuɗe da juna. Sa'ad da kiran Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya iso, jama'ar karkara sun riga sun gaji. Shehu da kansa ya lissafa jangali da kuɗin gari cikin zaluncin sarakunan zamanin a littafinsa Kitabul Farƙi, kuma a wuyan masu shanu da masu fartanya wannan kaya yake.

Da farko Ɗantunku yana tare da Sarkin Kano Alwali. Daga baya ya juya ya bi masu jihadi, kuma juyawarsa tana cikin abubuwan da suka karya rundunar Alwali a yaƙin Ɗanyaya. Ya zauna ƙarƙashin Sarki Sulaimanu har Allah ya yi wa Sulaimanu rasuwa a 1819.

Da aka naɗa Ibrahim Dabo, sai Ɗantunku ya ƙi yin mubaya'a. Ba shi kaɗai ba ne, don garuruwa da yawa na ƙasar Kano sun ɗaga kai a lokacin, Dabo ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya lanƙwasa. Amma na arewa ya gagara har wajen shekara biyar. Hujjarsa a fili take: shi ma ya sha wuyar jihadi, don me birni zai karɓi zakka da harajin mutanensa? Hujjar Dabo ma ba ta da rauni, domin Sarkin Musulmi ne ya tabbatar da shi, biyayya gare shi kuwa wajibi ce a shari'a. Sai dai ba a fada aka biya kuɗin wannan gardama ba. Manomin da aka ƙone wa rumbu da makiyayin da aka kore wa garke su suka biya, alhali bangarorin biyu duk alƙibla ɗaya suke fuskanta. Hanyoyin fatake ma sun lalace, har Baturen nan ɗan yawon bincike, Kilafatin, da ya sauka Kano a 1824 ya rubuta labarin wannan fitina.

Sarkin Musulmi Muhammadu Bello bai bar takobi ya yanke hukunci ba. Ya bi hanyar sulhu wadda Suratul Hujurati ta yi umurni da ita idan ƙungiyoyi biyu na muminai suka yi faɗa. Ya amince da ƙasar Ɗantunku a matsayin masarauta mai bin Sakkwato kai tsaye, aka shata iyaka. Ɗambatta da Babura suka zauna a ɓangaren Kano.

Ɗantunku bai daɗe ba bayan wannan, ya rasu a 1824, Allah ya gafarta masa. Ɗansa Dambo ya gaje shi, ya kafa gadon sarauta a garin Kazaure tsakanin duwatsu, ya yi mulki har 1857. Roni da Gwiwa da 'Yankwashi suna cikin wannan masarauta, wadda ta koma Jihar Jigawa a 1991.