Muhammadu Bakatsine, Masanin Lissafi

Yara, daga Matamaye zuwa birnin Katsina ba wata tafiya ba ce mai nisa. A zamanin da, babu iyaka tsakanin Nijar da Najeriya. Fatake da almajirai suna kai da kawowa tsakanin garuruwan ƙasar Hausa yadda suka ga dama. A ƙasar Katsina ne aka haifi wani babban malami wanda ya yi suna a fannin lissafi har ƙasar Masar. Sunansa Muhammadu ɗan Muhammadu, Bafulatani ne. Larabawa suna kiransa Alkashinawi, watau Bakatsine.

Ƙuruciyarsa da karatunsa

A lokacin da Muhammadu ya tashi, Katsina gari ne na kasuwanci da na ilimi. Ayarin raƙuma yana zuwa daga arewa da gishiri da tufafi da takarda da littattafai. Kafin zamaninsa an yi manyan malamai a birnin, kamar su Ɗan Marina da Ɗan Masani, wanda ya rasu a 1667.

Muhammadu ya fara da allo kamar kowane yaro. Da ya sauke Alƙur'ani sai ya shiga karatun littattafai. Ya yi nahawu da fiƙihu, ya koyi ilimin taurari da lissafi. Cikin malamansa akwai Muhammadu Alwali na ƙasar Bagarmi, gabas da tafkin Cadi. Almajirin wancan zamani ba ya zama wuri ɗaya. In ya ji labarin malami mai wani ilimi, sai ya ɗauki gafakarsa ya bi shi.

Tafiya gabas

Wajen shekara ta 1730 Muhammadu ya tafi aikin hajji. Babu mota, babu jirgi. Mahajjata suna tafiya a ƙasa ko bisa raƙumi, wata da watanni. Ga ƙishirwa, ga ciwo, ga ƴan fashi. Da yawa ba su komawa gida.

Muhammadu ya isa Makka lafiya. Bayan ya sauke farali sai ya zauna a Alƙahira, babban birnin Masar, inda masallacin Azhar yake. Malaman birnin suka gane ba ƙaramin masani ba ne. Wani babban malami mai suna Hasan Aljabarti ya sauke shi a gidansa, har ya yi karatu a wurinsa. Ku duba: baƙo daga ƙasar Hausa yana koyar da malamin Masar.

Ya rubuta littattafai da Larabci. Ɗaya sunansa Bahjatul Afaƙ, wanda ya rubuta wajen 1732. Wani kuma sunansa Addurrul Manzum, a kan taurari. Cikin Bahjatul Afaƙ ya yi bayanin yadda ake tsara hatimi.

Mene ne hatimi?

Wataƙila kun taɓa ganin hatimi a allon malam. Zane ne mai kusurwa huɗu wanda aka raba gida gida. A kowane gida akwai lamba ko harafi, domin a Larabci kowane harafi yana da lambarsa: alif 1, ba 2, jim 3, dal 4. Mutanen Sin sun san irin wannan zane tun da daɗewa, Larabawa kuma suka zurfafa bincikensa. Ga mafi sauƙi, mai gida tara:

4   9   2
3   5   7
8   1   6

Ku tara lambobin layin farko: 4 + 9 + 2 = 15. Ku tara na biyu da na uku. Ku tara daga sama zuwa ƙasa, sa'an nan daga kusurwa zuwa kusurwa. Ko ta ina kuka bi, 15 za ku samu. Me ya sa 15? Domin in aka tara lambobi daga 1 zuwa 9 ana samun 45. Layi uku ne, kuma dole su zo daidai, saboda haka kowane layi ya sami 15.

Muhammadu ya bayyana hanyoyin tsara hatimin da yawan gidajen gefensa mara ne, ba cika ba, kamar 3 ko 5 ko 7. A hatimi mai gida 25, jimillar lambobi 325 ce, layi biyar, kowane layi 65. Aiki ne mai son haƙuri. Shi ya sa ya gargaɗi almajiransa kada su karaya in lissafi ya ƙi fita tun da farko.

Asirin da ke cikin hatimi

Yanzu mu ninka kowace lamba ta hatiminmu sau 3:

12   27   6
9   15   21
24   3   18

Ku tara layin farko: 12 + 27 + 6 = 45. Sauran layuka ma 45 ne. Hatimi bai lalace ba. To, 45 kuwa ai 15 ce sau 3. Ashe hanya biyu ce take kai mu gida ɗaya:

Hanya ta farko: mu tara tukuna, sa'an nan mu ninka. 3 x (4 + 9 + 2) = 3 x 15 = 45.

Hanya ta biyu: mu ninka kowace lamba ita kaɗai, sa'an nan mu tara. (3 x 4) + (3 x 9) + (3 x 2) = 12 + 27 + 6 = 45.

Wannan ita ce ƙa'idar raba ninki. Ninki yana bin kowace lamba da ke cikin baka, ya ba ta rabonta, ba ya tsallake ko ɗaya.

Ƙa'idar tana da amfani a kasuwa. A ce manomi ya kawo rake kasuwar Matamaye, dami 7, kowane dami sanda 13. Sanda nawa ke nan? 7 x 13 yana da wuya a ka. Sai mu fasa 13 ta zama 10 da 3. 7 x 10 = 70. 7 x 3 = 21. 70 + 21 = 91. Wanda ya manta bai ninka 3 ba, zai ce 73, ya yi hasarar sanda 18.

Haka nan take aiki da ɗebewa. 6 x 19 daidai yake da (6 x 20) − (6 x 1), watau 120 − 6 = 114.

Rasuwarsa

Muhammadu bai koma Katsina ba. Ya rasu a Alƙahira a shekara ta 1741, watau 1154 ta Hijira, a gidan Hasan Aljabarti. Shi ya bar wa amanar littattafansa. Daga baya aka haifa wa Hasan ɗa mai suna Abdurrahman Aljabarti, wanda ya zama babban marubucin tarihin Masar. Shi ne ya rubuta labarin Muhammadu cikin littafinsa. Da ba a riƙe amanar nan ba, da ba a rubuta ba, da sunan malamin ya ɓace. A 1973 wata malamar lissafi ta Amurka, Claudia Zaslavsky, ta sa labarinsa cikin littafinta a kan lissafin Afirka, mutane da yawa suka san shi.

Saboda haka kada wani ya ce muku lissafi ilimin baƙi ne. Ɗan ƙasar Hausa ya koye shi a gida, ya je ya koyar da shi a Masar.

Tambayoyi da aiki

1. A wace ƙasa aka haifi Muhammadu, a ina kuma ya rasu?
2. Wa ya riƙe amanar littattafansa?
3. Ku ninka kowace lamba ta hatimi mai gida tara sau 5. Kafin ku tara, ku faɗi abin da kowane layi zai bayar.
4. Ku fasa lamba ta biyu, ku yi lissafi a ka: 4 x 12, 8 x 15, 9 x 21.
5. Wani yaro ya rubuta 5 x (10 + 4) = 54. Ina kuskurensa?