Cantinflas: Ɗan Unguwar Talakawa Da Surutunsa Ya Shiga Ƙamus

Ka taɓa sauraron wani babban mutum yana jawabi, ya kwashe minti goma yana zuba, ya gama ka rasa abu ɗaya da ya faɗa? To a ƙasar Meksiko wannan hali yana da suna. Suna ce masa cantinflear, kuma tun 1992 kalmar take cikin babban ƙamus na harshen Sifaniyanci, wanda cibiyar kula da harshen da ke Madrid take fitarwa. Daga sunan wani ɗan wasan barkwanci aka ciro ta. Idan kana cikin masu haɗa bidiyon ban dariya a TikTok ko Facebook, ko kina mafarkin farawa, ku gyara zama, domin labarin mutumin nan ya shafe ku.

Ainihin sunansa Mario Moreno. An haife shi ranar 12 ga Agusta, 1911, a birnin Meksiko, ya kuma tashi a Tepito, unguwar da har gobe aka san ta da talauci da cinkoso da kasuwar gefen titi. Mahaifinsa ma'aikacin gidan waya ne mai raba wasiƙu, ga 'ya'ya da yawa, ga albashi ba yawa. Mario ya taɓa sana'o'i iri-iri tun yana matashi. Ya gwada dambe, ya gwada rawa, har soja ya shiga bayan ya ƙara wa kansa shekaru, sai da mahaifinsa ya je ya fito da shi.

Inda ya samu gindin zama shi ne carpa. Wannan wani tanti ne na tamfol da ake kafawa a unguwannin talakawa, a jera benci, a karɓi 'yan kuɗi kaɗan a bakin ƙofa, a yi ta gajerun wasanni da waƙa da rawa har dare ya raba. 'Yan kallon leburori ne da 'yan tireda da direbobi, kuma ba su san kara ba. In ka burge su, su yi maka tafi. In ka gundure su, nan take za ka sha ihu da baƙar magana. A wancan zamani ba a ɗaukar wasan tanti sana'ar mutunci, shi ya sa Mario ya laƙaba wa kansa suna Cantinflas, wanda ake furtawa Kantinflas, don kada labari ya kai gida. A cikin tantin ne kuma ya haɗu da Valentina Ivanova, 'yar wasu 'yan wasa da suka yi hijira daga Rasha, wadda ta zama matarsa har rasuwarta a 1966.

Labarin da ake yawan bayarwa shi ne, wata rana aka tura shi gaban jama'a ya yi sanarwa, tsoro ya kama shi, ya manta abin da zai ce, sai ya shiga zuba zance ba kai ba gindi. Maimakon a kore shi, sai tanti ya ɓarke da dariya. Daga nan ya gane abin da yake da shi a hannu, ya zauna ya gyara shi ya zama salo.

Mutumin da yake kwaikwayo kuwa, kowa a birnin ya san irinsa. Ana ce masa pelado, wato figagge, ɗan birnin da ba aiki ba sisi, amma bakinsa ba ya mutuwa. Wando ya zazzago ƙasa da ƙugu an ɗaure da igiya, riga ta ƙoɗe, wani tsumma rataye a kafaɗa wanda shi a wajensa babbar kwat ce, 'yar hula a ka, sai ɗan gashin baki ƙwaya biyu a gefe da gefen leɓe. Idan ɗan sanda ko mai gida ko alƙali ya titsiye shi, ba ya gudu kuma ba ya faɗa. Sai ya ari manyan kalmomin da su manyan suke taƙama da su, ya fara jimla ya bar ta a hanya, ya kama wata, ya koma baya, ya yi ta kewaye har mai tambayar ya manta abin da ya tambaya.

Ka ga inda dariyar take? Talakan Meksiko ya saba jin 'yan siyasa da lauyoyi suna dogon jawabi maras ma'ana. Sai ga wani mai yagaggen wando yana yin irin nasu, yana mayar musu da kayansu. A 1937 ma, da rikici ya haɗa wasu manyan shugabannin ƙwadago biyu, Luis Morones ya ƙalubalanci Vicente Lombardo Toledano su yi muhawara, shi kuma ya mayar masa da cewa ya je ya yi da Cantinflas. Ka ga tun lokacin sunan ya fi ƙarfin tanti.

Ya fara fitowa a fim a 1936, amma wanda ya ɗaga shi sama shi ne Ahí está el detalle na 1940, wanda Juan Bustillo Oro ya ba da umarni. A cikinsa an sa shi ya kashe wani mahaukacin kare mai suna Bobby, sai aka yi rashin sa'a an kashe wani ɗan damfara shi ma Bobby. Aka gurfanar da shi a kotu. Shi yana bayanin yadda ya kashe kare hankalinsa kwance, kotu kuma tana jin yana amsa laifin kisan mutum. Kafin a tashi, alƙali da lauyoyi duk sun rikice sun koma magana irin tasa. Har yau ana sa wannan fim cikin mafiya kyau da Meksiko ta taɓa yi.

Bai tsaya a wasa kawai ba. Ya shiga harkar shirya fina-finansa ta kamfanin Posa Films, daga baya Columbia Pictures ta riƙa rarraba su a ƙasashe, abin da ya sa ya zama hamshaƙin mai kuɗi. Ya shugabanci ƙungiyar 'yan wasan Meksiko a shekarun 1940. A 1953 fitaccen mai zane Diego Rivera ya sa hotonsa a tsakiyar wani katafaren zane a bangon gidan wasan Insurgentes, yana karɓa daga masu hali yana miƙa wa marasa shi.

Sai Hollywood ta kira. A 1956 ya fito a Around the World in 80 Days tare da David Niven, a matsayin Passepartout, yaron gidan Baturen da ya yi caca cewa zai zagaye duniya cikin kwana 80. Fim ɗin ya ci Oscar na gwarzon fim, shi kuma Cantinflas ya ɗauki kyautar Golden Globe, a rukunin da har Marlon Brando yana cikin 'yan takara. Amma lura da wani abu: a wannan fim jikinsa ne ya yi masa aiki. Rawa, guje-guje, tsalle-tsalle, da wasa da bijimi a fili, wanda dama gwaninsa ne. Ba a buƙaci bakinsa sosai ba.

Da aka zo 1960 sai aka ce bari a gina fim sukutum a kansa da Turanci. Aka yi Pepe, aka tara taurari irin su Frank Sinatra da Bing Crosby suna leƙowa, aka kashe kuɗi, fim ya yi kusan awa uku. Masu sharhi suka yi masa kaca-kaca, kasuwa ma ba ta yi yadda aka zata ba. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Barkwancinsa a cikin Sifaniyancin titunan birnin Meksiko yake zaune, da karin maganarsu da habaicinsu da kalmomi masu harshen damo. Da aka raba shi da wannan, sai ya zama wani ɗan baƙo mai fara'a kawai, irin wanda kowa ma zai iya fitowa a madadinsa. Ya tattara ya koma gida, bai sake jan wani fim a Hollywood ba.

A gida ya ci gaba da cika gidajen sinima. Ya fito a matsayin limamin coci a El padrecito na 1964, jakada a Su Excelencia na 1967, malamin makaranta a El profe na 1971. A 1972 aka fara nuna zane mai motsi na Cantinflas Show a talabijin, inda yake koya wa yara tarihi da labarin shahararrun mutane. Fim ɗinsa na ƙarshe shi ne El barrendero, inda ya fito a mai sharar titi, a farkon shekarun 1980. Sai dai a nan ma akwai abin dubawa. Masu sharhi da yawa a ƙasarsa suna ganin da kuɗi suka zo, da kusanci da masu mulki, kaifin ya ragu. Figaggen da yake rikita alƙali ya koma mai wa'azi da nasiha a ƙarshen kowane fim. Jama'a ba su daina son sa ba, kuma an shaide shi da taimakon marayu da mabuƙata, amma in ana zancen gwanintarsa, fina-finan 1940 ake komawa.

Ya mutu ranar 20 ga Afrilu, 1993, yana da shekara 81, sakamakon sankarar huhu. Dubban mutane suka yi layi don yi masa ban kwana, aka kai gawarsa fadar Bellas Artes, inda ƙasar take karrama manyan masu fasaharta. Bayansa kuma ɗansa da ɗan ɗan'uwansa suka shafe shekaru suna shari'a a kan mallakar fina-finai sama da 30.

To ɗan'uwa, 'yar'uwa, ga abin da nake so ku riƙe. Sau biyu mutumin nan ya yi nisa da abin da ya ɗaga shi, sau ɗaya da ya bar harshensa, sau ɗaya da ya bar unguwarsu a zuci, kuma duka biyun aikinsa ya nuna. Yau da yawanmu muna ganin sai mun kwaikwayi muryar wasu da salon wasu kafin bidiyonmu ya yi tafiya. Kafin ka goge wancan bidiyon don kana jin ya cika kama da hirar majalisarku, ka tuna Bellas Artes daga tantin tamfol aka taso aka je ta.

In data ta samu, ka nemi wurin shari'ar nan ta Ahí está el detalle a YouTube. Ko ba ka jin Sifaniyanci, ka zuba wa fuskar alƙalin ido kawai.