Pasolini: Ɗan gurguzun da Fadar Vatican ta yaba wa fim ɗinsa kan Yesu

A watan Maris na 1963, wata kotu a birnin Rum ta yanke wa Pier Paolo Pasolini hukuncin ɗaurin wata huɗu bisa laifin cin zarafin addinin ƙasa, saboda gajeren fim ɗinsa La ricotta. Shekara guda bayan haka, mutumin da aka kira mai saɓo ya fito da fim kan rayuwar Yesu Almasihu, wanda jaridar Vatican ta bayyana a 2014 a matsayin mafi kyawun irinsa.

An haife shi a Bologna ta ƙasar Italiya a 1922. Mawaƙi ne, ɗan gurguzu, kuma bai ɓoye rashin imaninsa ba. 'Yan gwagwarmayar gurguzu ne suka kashe ƙanensa Guido a 1945, jam'iyyar kuma ta kore shi a 1949 kan zargin lalata, amma bai bar aƙidar ba.

A 1962, yana masauki a garin Assisi, ya karanta Linjilar Matiyu daga farko har ƙarshe. Daga nan fim ɗin ya samo asali. Ya ƙi ɗaukar fitattun 'yan wasa. Manoma da talakawan kudancin Italiya ya tara a tsakanin duwatsun Matera. Wani ɗalibi ɗan Sifaniya mai shekara 19, Enrique Irazoqui, ya fito a matsayin Yesu, mahaifiyar Pasolini kuma ta fito a matsayin Maryamu a ranar gicciye. Kusan duk maganganun daga nassi ya ɗauko su. Yesun nasa mai sauri ne, mai zafin harshe kan mawadata, abin da ya sa 'yan ra'ayin riƙau da wasu 'yan gurguzu duka suka rasa inda za su ajiye shi.

A shekarunsa na ƙarshe ya koma caccakar masu mulki a jarida, yana kuma rubuta littafi kan siyasar man fetur. Ranar 2 ga Nuwamba, 1975, aka tsinci gawarsa a Ostia, an lakaɗa masa duka an bi ta kansa da motarsa. Kotun farko ta ce Pino Pelosi, ɗan shekara 17, ya aikata tare da wasu. Kotun ɗaukaka ƙara ta soke wannan ɓangaren. Pelosi ya janye ikirarinsa a 2005. An sake buɗe binciken, aka rufe shi a 2015 ba tare da gurfanar da kowa ba.